Wa Zai Riƙe Kyamara a Madadin Hausawan Sudan?

A shekarar 2008 hukuma ta sa aka rushe gidan shirya fina-finai na Jadallah Jubara da ke birnin Khartum, bayan an daɗe ana jan shari'a a kan filin da ginin yake kai. Mai gidan a lokacin dattijo ne da ya haura shekara 85, idanunsa sun riga sun tafi, kuma kafin shekarar ta ƙare Allah ya karɓi ransa. Wannan bawan Allah yana cikin waɗanda suka tsaya da kyamara ranar 1 ga Janairu, 1956, lokacin da aka sauke tutocin Ingila da Masar aka ɗaga tutar Sudan, saboda haka da yawa daga cikinmu da muka ga wannan rana a talabijin, da idonsa muka gan ta ba tare da mun san sunansa ba. Tun da yaƙi ya tayar da mu daga birnin Madani da ke yankin Jazira a watan Disamba na 2023 muka dawo Gadarif da zama, labarin wannan dattijo yake yawan faɗo mini a rai, domin a cikinsa nake ganin wani nauyi da ya rataya a wuyanmu, mu Hausawan wannan ƙasa, wanda har yanzu ba mu sunkuya mun ɗauka ba.

An haifi Jubara a shekarar 1920. Ya yi aikin soja a sashen sadarwa lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, a can ne ya fara ganin fina-finan da Turawa suke haska wa sojoji, sha'awar abin ta kama shi har ta zame masa sana'a. Bayan yaƙi ya shiga aikin shirya fina-finan wayar da kai, irin waɗanda ake loda wa mota a zaga da su ƙauyuka a haska a jikin farin ƙyalle da daddare, wato abin da iyayenmu suke kira majigi. Daga baya ya ƙaro ilimin sana'ar a Kalifoniya ta ƙasar Amurka, ya kasance cikin magabatan da suka aza harsashin bikin fina-finan Afirka na FESPACO da aka fara a Wagadugu a 1969, sannan a 1974 ya buɗe gidan shirya fim na ƙashin kansa, wanda ya raɗa wa suna Studio Gad. Fiye da shekara 50 ya yi yana ɗaukar fim na gaskiya, wanda a Larabcinmu na nan muke ce wa wasa'iƙi, wato fim ɗin da babu ɗan wasa a cikinsa, mutane ne da rayuwarsu yadda take. Da makanta ta same shi bai ajiye aiki ba, 'yarsa Sara, wadda ta karanta harkar fim a Alƙahira, ita ta zama idonsa, kuma ita ce ta tsare faya-fayan bayan rasuwarsa, har cibiyar Arsenal ta birnin Balin a Jamus ta taimaka aka juye wani kaso mai yawa zuwa kwamfuta. Ba domin tsayuwar wannan baiwar Allah ba, da zafi da ƙura sun cinye aikin shekara 50.

Na kalli wasu daga cikin tsofaffin fina-finan wancan zamani a wayata. Akwai Khartum mai tsafta da motoci jefi-jefi, akwai shugabanni suna yanka ƙyallen buɗe masana'antu, akwai madatsun ruwa, akwai kuma gonakin auduga na Jazira shimfiɗe har iyakar ganin ido. A wani wuri sai ga mata a jere sun duƙa suna tsintar auduga, na tsayar da hoton na ƙura musu ido, saboda ɗaurin ɗankwalin ɗaya daga cikinsu da yadda ta goya ɗanta da zane sak irin na matan gidanmu ne. Muryar mai sharhi tana ta bayani a kan albarkar aikin da yawan amfanin da aka samu, ita kuwa matar ta wuce a cikin daƙiƙa biyu, babu wanda ya tambaye ta sunanta, ko daga ina iyayenta suka taso, ko nawa ake biyanta. Ban ga laifin Jubara ko abokan aikinsa a nan ba, domin mafi yawan aikin gwamnati ce ta ba da kwangilarsa, kuma mai kuɗin fim shi yake faɗin inda za a juya kyamara. Darajarsa a wurina tana nan daram, tun da ya nuna cewa ɗan wannan ƙasa zai iya ɗaukar hoton ƙasarsa da hannunsa a lokacin da baƙi kaɗai suke yin haka. Abin da nake cewa shi ne, aikin da ya fara bai iso ƙofar gidanmu ba, kuma babu dalilin da zai sa mu zauna jiran wani ya kawo mana shi.

Kakata ta wajen uba tana yarinya aka taso da ita daga ƙasar Kano da niyyar aikin Hajji, a ƙasa, da jakuna biyu. Takan lissafa zangon tafiyar kamar mai jan carbi: Barno, Fallomi wadda yanzu ake kira Injamena, Abashe, Junaina, Fashir, Ubayyid, har zuwa bakin Nilu. A kowane gari sai ayari ya yada zango a yi noma ko ƙwadago damina ɗaya ko biyu a tara guzuri, sannan a ci gaba, shi ya sa tafiyar da yau jirgin sama yake yi a cikin 'yan sa'o'i ta ɗauke su shekaru. An binne ƙanenta a hanya, a wani wuri da ba ta iya tuna sunansa sai dai ta ce akwai wata babbar tsamiya a gefen rijiya. Mahaifinta ya samu ya ƙetare Bahar Maliya daga Sawakin zuwa Jidda ya sauke farali, ya dawo ya tarar da iyali sun kafu a Jazira, shi ke nan zama ya kama su. Tana da wata tsohuwar tasa ta jan ƙarfe da aka zo da ita tun daga Kano, gindinta ya lotsa, ba ta yarda kowa ya ci abinci a ciki. Idan na dawo daga makaranta takan ce, "Maigidana, zo ka zauna in ba ka labarin hanya, wata rana za ka nema ba ka samu ba." Nakan ce, "To Kaka, bari in dawo daga ƙwallo." Ta rasu ina da rediyo mai ɗaukar kaset a ɗakina, ban taɓa danna shi a gabanta ba. Tasar ma mun baro ta a Madani ranar da muka fito da kayan jikinmu.

Labarin kakata ɗigo ne a cikin kogi. Bayan Turawan Ingila sun ci Sakkwato a 1903, Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya yi hijira ya nufi gabas da dubban jama'a, aka tare shi a Burmi ya yi shahada a wannan shekarar. Ɗansa Muhammadu Bello, wanda aka fi sani da Mai Wurno, shi ya ja ragowar jama'ar suka ci gaba har suka sauka a gaɓar Nilul Azraƙ, wato Shuɗin Nilu, kusa da Sinnar, inda garin Mai Wurno yake har gobe da sarautarsa. Kafin su ma akwai alhazai da malamai da suka bi wannan hanya tun ƙarnoni da suka wuce. Da aka kammala madatsar ruwan Sinnar a 1925 aka buɗe aikin audugar Jazira, hannun mutanenmu yana cikin hannayen da suka yi shuka da cirar ciyawa da tsinta, da yawansu kuma a kambo suka zauna, wato rugar ma'aikata da ke gefen gona, inda wasu iyalai suka kai jika da tattaɓa kunne ba su mallaki filin da suke kwana a kai ba. A Gadarif mun yi noman dawa da riɗi, a bakin kogi mun yi su, a kasuwanni mun yi fawa da dukanci, har tsiren da ake kira agashe ya zama abincin kowa a Sudan. Mace ta farko da aka ji muryarta tana waƙa a gidan rediyon Umdurman a farkon shekarun 1940, A'isha Falatiya, jininmu ce. Duk wannan yana nan a bakin tsofaffi da cikin littattafan wasu masana na jami'a waɗanda talaka ba ya karantawa, amma a allon da jama'a suke kallo da daddare, da wuya ka ga Bahaushen Sudan zaune yana ba da labarin kansa da bakinsa.

Wani zai ce wannan ai maganar tarihi ce, me ya haɗa ta da adalci? Wanda ya taɓa tsayawa layin neman takardar zama ɗan ƙasa ba zai yi wannan tambaya ba. Dokar jinsiyya, wato dokar zama ɗan ƙasa, ta 1957 ta ɗauki ƙarshen shekarar 1897 a matsayin ma'auni, wato sai wanda shi ko kakanninsa na wajen uba suke zaune a ƙasar tun lokacin ne ɗan ƙasa na asali, ka ga ke nan jama'ar da suka iso bayan Burmi an bar su a waje tun daga alƙalamin farko. Dokar 1994 ta matso da ma'aunin zuwa ranar samun 'yancin kai a 1956, amma abin da ya zauna a zukatan ma'aikata bai canza tare da takarda ba. Ni kaina na tsaya a gaban wani ma'aikaci a wani ofis, na miƙa takardun mahaifina waɗanda babu aibi a cikinsu, ya tambaye ni ƙabilata, da na faɗa masa sai ya ture takardun gefe ya ce in je in zo da shaidu daga dangin uba, alhali mutumin da ke gabana a layi ba a nemi haka daga gare shi ba. Wannan ma'aikaci ba lalle ne mugu ba ne. Ya tashi ne bai taɓa ganin komai a makaranta ko a talabijin da ya nuna masa cewa mutumin da ake kira Fallata ko Takari, wato sunayen da ake kiran 'yan asalin Afirka ta Yamma da su a Sudan, yana da kaka da aka binne a wannan ƙasa tun kafin a haifi nasa uban ba. Jahilcin da ke tsakanin maƙwabta shi yake zama hukunci a teburin ofis, kuma fim na gaskiya yana shiga ɗakin da littafi ba ya shiga.

Mun ga mafi munin wannan a 2022. A watan Yuli rikici ya ɓarke a jihar Nilul Azraƙ tsakanin Hausawa da wasu ƙabilun yankin irin su Hamaj da Barta, a Rusairis da Ganis da kewayen Damazin, bayan taƙaddama a kan buƙatar Hausawa ta samun sarautar gargajiya da batun mallakar ƙasa. Sama da mutum 100 suka mutu a wannan wata, dubbai suka gudu, aka yi zanga-zanga a Kasala da Gadarif da Bur Sudan da Khartum. A watan Oktoba wutar ta sake tashi a Wad al-Mahi, inda aka rasa rayuka fiye da 200. A waɗannan kwanaki kyamarori ba su yi ƙaranci ba, kowa da waya a hannu, hotunan gawarwaki da gidajen da aka ƙone suna yawo a WhatsApp da Facebook, kowane ɓangare yana tura wa 'yan uwansa abin da zai ƙara tafasa jini. Wannan ya koya mini cewa ɗaukar hoto daban, aikin mai fim na gaskiya daban. Bidiyon daƙiƙa 30 yana nuna maka gawa, ba ya gaya maka yadda ƙarin tsawon madatsar Rusairis da aka kammala a 2013 ya tashi ƙauyuka aka sake tsugunar da mutane wuri ɗaya, ko yadda siyasar bayan faɗuwar gwamnatin Shugaba Umar al-Bashir a 2019 ta sa kowace ƙabila ta shiga neman wakilci da iyakar ƙasa. Wannan bayani yana buƙatar mutum mai haƙuri da zai zauna wata da watanni yana saurare.

Akwai 'yan Sudan da suka nuna cewa hakan mai yiwuwa ne. Hajuj Kuka ya zauna a cikin mutanen Nilul Azraƙ da Duwatsun Nuba lokacin da jiragen yaƙi suke yi musu ruwan bama-bamai, ya bar su suka yi magana da kiɗa da waƙa da harsunansu, fim ɗinsa ya ci kyautar zaɓin 'yan kallo ta ɓangaren fim na gaskiya a bikin fina-finai na Toronto a 2014. Suhaib Gasmelbari ya bi wasu dattawa huɗu masu shirya fim da suke fafutukar farfaɗo da wani tsohon gidan sinima a Umdurman, bayan gidajen sinima sun mutu ɗaya bayan ɗaya tun juyin mulkin 1989, aikinsa kuma ya samu kyautar fim na gaskiya a Balin a 2019. Babu ɗayansu da ya jira gwamnati ta ba shi kwangila.

Na san abin da za a ce mini, kuma an riga an faɗa mini a fuska. Wani abokina a kasuwa ya ce, "Malam, mutane suna kwana a makarantu ba abinci, kai kana zancen kyamara?" Maganarsa tana da nauyi, ban raina ta ba, kuma idan kuɗin hannuna na buhun dawa ɗaya ne to dawar zan saya. Sai dai yaƙin da ya fara ranar 15 ga Afrilu, 2023, shi kansa ne ya sa wannan aiki ya zama na gaggawa. An wawashe gidan adana kayan tarihi na ƙasa a Khartum, ginin rediyo da talabijin na Umdurman, inda aka ajiye muryoyi da hotunan shekaru masu yawa, ya zama filin daga na tsawon watanni. Mu kuwa da ba mu da gidan ajiya tun asali, ɗakin ajiyarmu shi ne ƙirjin tsoho, kuma tsofaffi ne farkon waɗanda wahalar gudun hijira take kashewa, saboda rashin maganin hawan jini da ciwon sukari da doguwar tafiya a bayan babbar mota. Buhun dawa ana iya samunsa baɗi idan Allah ya kawo sauƙi. Tsohuwar da ta san sunan ayarin da ya kawo mutanen unguwarku, idan aka kai ta makwanci an rufe wannan ƙofa ke nan.

Akwai kuma masu jin nauyin hoto ta fuskar addini, da gidajen da ba za su yarda namiji baƙo ya shiga wurin matansu da kyamara ba. Wannan ba abin faɗa ba ne. Wanda bai yarda da hoto ba a ɗauki muryarsa, a nuna hannunsa ko allonsa ko ƙofar gidansa idan ya amince. Mata kuwa 'yan matanmu da suka yi karatu su ne za su shiga wurinsu, kuma ina da yaƙinin cewa rabin tarihin da ya fi daraja yana can cikin gida, domin maza sukan ba da labarin sarakuna da yaƙe-yaƙe, mata kuwa su suke riƙe da wa ya auri wa, wa aka haifa a wane zango, da waƙoƙin niƙa da na daɓe da aka taho da su daga Hausa. Sharaɗi ɗaya ne ba a sassautawa, kada a ɗauki kowa sai da saninsa da yardarsa, kada kuma a saki abin da zai jefa mai magana cikin hatsari a irin wannan lokaci da kalma ɗaya take iya sa a ɗauke mutum. Wani abin a ɗauka a ajiye shekara goma kafin a fitar, babu asara a cikin haka.

Abin da ya fi wuya, kuma wanda na fi damuwa da shi, shi ne gaskiyar mai riƙe da kyamarar. Mu mutane ne masu son kirari, kuma akwai hatsarin cewa duk fim ɗin da za mu yi zai zama roƙo da na'ura, a jera sarakai da attajirai ana yabon asali, a nuna mu kullum a matsayin waɗanda aka zalunta waɗanda ba su taɓa cutar da kowa ba. Irin wannan fim mu kaɗai za mu kalle shi, kuma ba zai sauya zuciyar ma'aikacin da ya ture takarduna ba. Wanda zai ba da labarin 2022 da gaske, wajibi ne ya ƙetara ya zauna a tabarmar mutumin Hamaj ko Barta da shi ma ya binne ɗansa, ya bar shi ya faɗi tsoron da yake ji game da ƙasar kakanninsa, ko da maganar za ta yi ɗaci a kunnenmu. Wajibi ne kuma ya juyo cikin gida ya tambayi abin da ba mu son a tambaya: yaran da ake turawa bara da sunan almajiranci, 'yan matan da ake cirewa daga makaranta, da bambancin da mu kanmu muke nunawa tsakanin mai asali da wanda ake yi wa gorin bauta. Mai neman a yi masa adalci a allo dole ya yarda allon ya nuna shi duka.

Kayan aikin ba su fi ƙarfinmu ba. Wayar da ke aljihun ɗan shekara 20 a yau tana ɗaukar hoto da sauti cikin sauƙin da Jubara bai taɓa samu ba a zamanin da yake jan faya-fayai masu nauyi yana jiran a wanke su. Abin da ake buƙata shi ne ƙaramar makirfo ta maƙalawa a riga, da wurin da iska ba ta kaɗawa, da rubuta sunan gari da ranar da aka yi hirar, da barin tsoho ya yi Hausarsa yadda take, gauraye da Larabci, ba tare da an gyara masa baki ya koma Hausar rediyo ba, domin wannan gaurayen shi ma shaida ne na shekara ɗari da muka yi a nan. Darasin rushewar Studio Gad kuma shi ne kada a ajiye komai wuri ɗaya. Muna da dangi a Makka da Jidda da Madina, muna da su a Kano da Sakkwato, akwai cibiyoyi irin su Gidan Arewa a Kaduna da Jami'ar Bayero da aikinsu ya shafi adana tarihi, kowace hira ya kamata a sami kwafinta a ƙasa biyu ko uku. Attajiranmu da ƙungiyoyinmu da suke kashe dukiya a bikin naɗin sarauta, kaɗan daga cikin wannan kuɗi zai horar da matasa goma yadda ake tambaya da yadda ake haɗa fim.

A unguwar da muke zaune yanzu akwai wani dattijo da ya gudo daga wani kambo na Jazira, yana zama a inuwar darbejiya kusa da masallaci bayan sallar La'asar. Makon jiya na durƙusa na gaishe shi na ce, "Baba, ina so in ɗauki labarin zuwanku ƙasar nan, in ka yarda." Ya dube ni ya ce, "Yaro, wa zai saurara?" Na ce masa jikokinsa, da jikokin maƙwabtansa. Ya yi shiru, sannan ya gyara zaman hularsa ya ce in kunna. Mun yi zama uku zuwa yanzu, na jingina wayar a jikin buta saboda hannuna yana rawa, kuma ayarin mahaifinsa bai wuce Abashe ba tukuna, inda ya ce sun yi damina biyu suna haƙar rijiya ana biyansu da gero. Ya ce in dawo ranar Asabar mu shiga Darfur, in kuma zo da ƙanwata, domin matarsa ta ce ita ma tana da nata, kuma ba irin nasa ba ne.